ƊAN IBO HAIFAFFEN MINNA: JAWABI A KAN MARUBUCI CYPRIAN EKWENSI

  

An nemi mu ɗan ce wani abu a kan karatun yara. To, mu dai ba malaman boko ba ne, kasuwa muka sani. Amma mun ga ya dace mu kawo tarihin wani mutum wanda zamansa ya yi kama da namu, sai dai shi a Arewa aka haife shi baƙo, mu kuwa a Kudu muke haihuwar namu. Sunansa Cyprian Ekwensi.

An haife shi a Minna ran 26 ga Satumba, 1921. Iyayensa Ibo ne, asalinsu garin Nkwelle Ezunaka da ke Jihar Anambra ta yanzu. Mahaifinsa maharbin giwa ne, kuma gwanin ba da labari. Yaron ya yi Kwalejin Gwamnati ta Badun, ya karanta aikin gandun daji, har ya yi aikin na wani ɗan lokaci. Ya koyar a Kwalejin Igbobi ta Ikko, daga baya ya tafi Landan ya koyo haɗa magunguna. Da ya dawo ya shiga gidan rediyon Nijeriya, sannan ya kai ga zama darektan watsa labarai na Gwamnatin Tarayya. Duk wannan zirga-zirga, alƙalami bai bar hannunsa ba.

Littafinsa People of the City ya fito a 1954, Jagua Nana kuma a 1961. Waɗannan na manya ne, labarin rayuwar birnin Ikko. Abin da ya fi shafar mu shi ne waɗanda ya rubuta domin matasa, don kuwa da dama daga cikinsu Arewa ce filinsu. A 1960 aka buga The Passport of Mallam Ilia, labarin wani Malam Iliya da ya ƙarar da rayuwarsa yana neman Malam Usman, wanda ya zama sanadin mutuwar matarsa, don ya ɗau fansa. A ciki akwai wasan shanci, akwai tafiyar Makka, akwai jirgin ƙasa. A 1962 sai ga Burning Grass, labarin Bafillace Mai Sunsaye da iyalinsa da shanunsu, da ciwon yawo da ya raba shi da gida. Shi ne littafi na 2 a jerin littattafan marubutan Afirka na kamfanin Heinemann, bayan na Chinua Achebe. Har akwai wanda ya raɗa wa suna da Hausa, wato Iska, a 1966, inda 'yar Ibo ta auri ɗan Arewa.

Jama'a, a duba abin nan da kyau. Yara masu yawa a makarantun Kudu, da Yarbawa da Ibo da sauransu, ba su taɓa ƙetare Kwara ba, amma sun san ruga, sun san rawani da takobi, ta hanyar rubutun wannan mutum. Wane ne ya ba shi wannan ilmi? Zaman da ya yi cikin mutane, ya buɗe ido, ya kasa kunne. Bai ɗauki garin da ya tashi a matsayin masauƙin kwana ɗaya ba.

Aikinsa bai tafi a banza ba. A 1968 an ba shi lambar yabo ta Dag Hammarskjöld a fannin adabi, a 2001 kuma Gwamnatin Tarayya ta ba shi lambar girma ta MFR. Ya rasu a Inugu ran 4 ga Nuwamba, 2007, yana da shekara 86.

Amma gaskiya ɗaya ce, kuma ba za mu ɓoye ta ba. Da rikici ya ɓarke a 1966, Ekwensi ya koma Gabas, kuma lokacin yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970 ya yi wa ɓangaren Biyafara aikin watsa labarai. Mutumin da ya rubuta Arewa da hannunsa, sai ga shi fitina ta jefa shi wancan gefe. Mu da muke zaune a ƙasar wasu mun fi kowa sanin ma'anar wannan. In wuta ta tashi, baƙo ake fara dubawa. Shi ya sa muke cewa zaman lafiya ya fi zama ɗan sarki.

Akwai kuma magana ta biyu. Littafinsa An African Night's Entertainment na 1962 ya yi kama ƙwarai da Jiki Magayi, wanda John Tafida da Rupert East suka rubuta da Hausa tun shekarun 1930. Malam Shehu mai kuɗi yana nan, Abubakar da aka ƙwace wa budurwa yana nan, yaron nan Kyauta shi ma yana nan. Masana sun daɗe suna tattauna wannan, wasu suna zargi, wasu suna ba da uzuri. Mu ba alƙalai ba ne. Amma a matsayinmu na 'yan kasuwa mun san abu guda: kayan da ka bari a rumbu, wanda ya kai shi kasuwa shi ake sani da shi. Yara nawa ne a cikin wannan zaure suka karanta Jiki Magayi? Nawa ne ma za su iya karanta shafi guda na Hausa ba gargada?

Nan ne gizo ke saƙar. 'Ya'yanmu suna jin Yarbanci ko Ibo, suna jin Turancin buroka, wannan kuwa alheri ne, don harshe jari ne. Amma Hausar tana neman suɓuce musu, tarihin iyayensu kuma babu wanda ya rubuta musu. Unguwar Sabo ta Badun tun 1916 aka kafa ta. Fataucin goro da na shanu, da yadda kakanninmu suka sauka a zango, suka gina masallatai, suka yi auratayya da masu gari, duk yana cikin kan tsofaffi. Kullum kuwa sai mun kai ɗaya makwancinsa, ya tafi da nasa sanin. In ɗan Ibo haifaffen Minna ya iya rubuta Arewa har duniya ta karanta, me zai hana ɗan Bahaushe haifaffen Agege ko Anacha ya rubuta Kudu?

Saboda haka muna roƙon ƙungiya abu uku. Na farko, a ware ɗan wani abu daga kuɗin wata a sayi littattafai, na Hausa da na Turanci, a ajiye a Islamiyyarmu inda yara za su riƙa ara. Na biyu, lokacin hutu kowane ɗalibi ya zauna da wani dattijo ko wata gwaggo, ya rubuta yadda suka zo garin nan, wannan mujalla kuma ta buga waɗanda suka fi kyau. Na uku, mu iyaye mu daina kallon yaro mai son karatun labari kamar malalaci. A fara shi da Alƙur'ani da sanin addini, sannan a bar shi ya karanta, amma a san abin da yake karantawa. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Allah ya raya mana zuriya, ya ba mu zaman lafiya da masu masaukinmu, ya sa albarka a kasuwa.