Karatun Zanen Kayan Lantarki



An nemi in ce wani abu a kan fannin da na karanta a jami'a. Na zaɓi zanen da ke nuna yadda wuta ke tafiya cikin caja, talabijin da inbata, domin da yawanmu mun zuba kuɗi a sola, kuma in ta lalace sai mu miƙa wa wanda bai taɓa buɗe irin wannan takarda ba.

Zanen dai ba hoton fanel ba ne. Ba ya nuna inda kowane abu yake zaune, sai dai me ya haɗu da me. In layi biyu suka gitta juna, a nemi ɗigo a mahaɗar kafin a ce sun haɗu.

Shawarata, a fara bin hanyar babbar wuta, ƙananan kaya su jira. Mu ɗauki talabijin. Wutar gida, bolt 230, tana shiga ta fiyus, ta bi ta diyod huɗu masu tilasta mata tafiya fuska ɗaya, ta taru a babbar kafasita. A nan nake roƙon ku saurara da kyau. Abin da ke cikinta ya kai kimanin bolt 325, kuma tana iya riƙe shi bayan an zare waya daga bango. Daga nan taransista ke kunna wutar tana kashewa sau dubbai a daƙiƙa guda, shi ya sa taransifomar ta zama 'yar mitsitsiya.

Galibi za ku ga an ja layi ta tsakiyar taransifomar, ya raba takardar biyu. Ɓangare ɗaya yana haɗe da wutar gida, yana iya kisa, ɗayan kuwa shi ne mai ƙaramar wuta. Kowanne da alamar ƙasarsa daban, kuma ba a haɗa su. Ko saƙon da ke tsallaka layin da haske yake tsallakawa, cikin wani ɗan ƙanƙanin abu mai ƙafa huɗu.

Mu koma kan inbata. Mai batir na bolt 12 in tana ba da wat 1000, tana jan fiye da amfiya 80. Idan taransistocinta suka ƙone, ku tambayi mai gyara ko ya bi zanen ya gwada ɓangaren da ke ba su umarnin kunnawa. In matsalar a can take, sababbin ma suna iya ƙonewa a kunnawar farko, kuma ku ne za ku sake biya.