Yaushe Ya Kamata a Bar Dodo Ya Rikiɗa?



Maganar da aka ɗora mana a yau ta shafi wasa, amma wasan da ke da lissafi a cikinsa. Za mu yi magana ne a kan Pokémon, watau "dodannin aljihu", da kuma wata tambaya da duk wanda ya taɓa riƙa wasan sai ya ci karo da ita: idan dodon da mutum ke reno ya isa rikiɗa, a bar shi ya rikiɗa nan take, ko kuwa a dakatar da shi? Tambayar ƙarama ce a baki, amma wanda ya amsa ta da garaje yakan yi asarar da ba ta da gyara.

Asalin Wasan

Saboda waɗanda ba su san wasan ba, bari mu ɗan share fage. An fitar da shi a ƙasar Japan a shekarar 1996, a kan 'yar na'urar hannu ta kamfanin Nintendo mai suna Game Boy. Kamfanin Game Freak ne ya ƙirƙira shi, a ƙarƙashin Satoshi Tajiri, mutumin da ya tashi da sha'awar kama ƙwari a lokacin ƙuruciyarsa. A wasan farko akwai halittu iri 151. Mai wasa yakan kama su, ya yi renonsu, ya gwabza su da na wasu. Duk faɗan da dodo ya ci yana ƙara masa gogewa, gogewar nan kuma ita ke ɗaga shi daga mataki zuwa mataki, har zuwa mataki na 100.

Mun zaɓi kalmar "rikiɗa" ne da gangan. A tatsuniyoyinmu mun saba jin wanda ya rikiɗa ya zama kura ko kurciya, ya saki wata siffa ya ɗauki wata a lokaci guda. Haka abin yake a wasan nan. Dubi Caterpie, wanda tsutsa ce: a mataki na 7 sai ta dunƙule cikin kwasfa ta zama Metapod, a mataki na 10 kuma ta fito da fukafukai ta zama Butterfree. Sai dai akwai bambanci guda da ya kamata mu riƙe. Mai rikiɗa a tatsuniya yakan komo siffarsa in ya ga dama. A nan kuwa, in dodo ya rikiɗa, bakin alƙalami ya bushe.

Hanyoyin rikiɗa a wasan farko uku ne. Ta farko, dodo ya kai wani mataki. Ta biyu, mai wasa ya taɓa shi da wani dutse na musamman, kamar dutsen wuta ko na ruwa ko na tsawa. Ta uku, a yi musayarsa da wani mai wasa ta hanyar wayar da ke haɗa na'ura biyu, kamar yadda Kadabra ke zama Alakazam. A 1999 aka ƙara ta huɗu, watau shaƙuwar dodo da mai shi. Tun daga farko kuma an bar wa mai wasa linzami: in rikiɗar mataki ta soma, yana iya danna maɓallin B ya tsayar da ita, a sake yi masa tayi a mataki na gaba.

Riba da Asara

To, me zai sa mai hankali ya hana dodonsa girma? Ribar rikiɗa a fili take, domin ƙarfi da juriya sukan ƙaru a take, galibi har da sauri. Asarar ita ce a ɓoye. Kowane dodo yana koyon dabarun faɗa ne a matakai da aka tsara wa jinsinsa, kuma ba ya riƙe fiye da huɗu a lokaci ɗaya. Ƙaramin dodo yakan koyi dabara da wuri, babba kuwa a makare, wani lokaci ma ba ya koyonta sam. Hausawa sun ce icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma kamar da wannan magana aka tsara wasan.

A nan ya kamata mu kawar da wata jita-jita da ta daɗe tana yawo, cewa wai jinkiri yana ƙara wa dodo ƙarfi a ƙarshe, ko kuwa yana rage masa. Ko ɗaya ba haka ba ne. Ana lissafin ƙarfi ne daga jinsin dodo, da matakinsa, da baiwar da ya zo da ita, da horon da ya sha. Da zarar ya rikiɗa sai a sake lissafin bisa sabon jinsinsa. Saboda haka wanda ya rikiɗa a mataki na 16 da wanda ya jira har 40, in sauran abubuwa sun yi daidai, ƙarfinsu ɗaya ne a mataki na 50. Abin da jinkiri ke saya dabara ce kawai, kuɗin da ake biya kuwa shi ne zama da rauni a tsawon jiran.

Misalai Huɗu

Na farko shi ne Magikarp, wani kifi wanda ba abin da ya iya sai tsalle-tsalle, sai a mataki na 15 ya koyi ɗan karo. A mataki na 20 yakan rikiɗa ya zama Gyarados, ƙaton macijin ruwa. A ma'aunin yau jimillar ƙarfin asali na kifin 200 ce, ta macijin kuwa 540. A wasan farko babu wata dabara da kifin zai koya in an tsare shi bayan 20. Jinkiri a nan wauta ce tsantsa, da zafi-zafi akan bugi ƙarfe.

Na biyu shi ne Bulbasaur, ɗaya daga cikin ukun da ake fara wasan da su. Yakan zama Ivysaur a mataki na 16, ya zama Venusaur a na 32. A wasan farko, babbar dabararsa ta harbi da hasken rana, in an tsare shi yana ƙarami, zai koye ta a mataki na 48, alhali Venusaur sai a 65. Ratar matakai 17 ke nan, kuma tana da jan hankali. Amma mu duba ɗaya ɓangaren. Sai mutum ya yi ta jan jariri daga mataki na 16 har 48, watau matakai 32, yana shan kashi a hannun manya. Daɗin daɗawa, dabarar jifa da ganye mai kaifi, wadda ita ce abin dogaronsa na yau da kullum, ratarta matakai uku ce kacal, 27 da 30. Ita kuwa ta hasken rana ana samunta a wata na'urar koyarwa da ke cikin wasan. Idan aka auna, kwalliya ba ta biyan kuɗin sabulu. A bar shi ya rikiɗa.

Na uku shi ne Pikachu, wanda dutsen tsawa ke mayar da shi Raichu. A nan ne sababbin shiga suka fi faɗawa rami, domin dutsen sayar da shi ake yi a babban kantin garin Celadon, kuma duk mai kuɗi yana iya saye. A wasan 1996 Pikachu yana koyon dabaru a matakai na 9, 16, 26, 33 da 43. Raichu kuwa, daga ranar da ya rikiɗa, ba ya ƙara koyon komai ta hanyar mataki. Gaskiya ne ana iya cusa masa wasu da na'urorin koyarwa, amma a wancan zamani kowace na'ura sau ɗaya take aiki, kuma dabarar riga abokin gaba kai hari ta mataki na 16 da ta ƙara sauri ta mataki na 33 ba su da na'ura. Wanda ya yi gaggawa ya rufe wa dodonsa makaranta da hannunsa. Sauri ya haifi nawa.

Na huɗu shi ne mafi wuya, watau Shroomish, na wasan da ya fito a 2002. Yakan zama Breloom a mataki na 23. Akwai wata dabara ta watsa ƙurar da ke sa abokin gaba barci, wadda da wuya ta kuskure. Shroomish yana koyonta a mataki na 54, Breloom kuwa ba ya koyonta ko kusa. Mai son ya gama labarin wasan kawai ba ya bukatar wannan jira na matakai 31. Amma mai niyyar karawa da 'yan'uwansa mutane, wanda barci ɗaya kan raba masa gardama, a gare shi jiran ya cancanta. Ashe ke nan amsar ta danganta da inda mutum ya nufa.

Zamani Riga Ne

Kada mu ɗauki dokokin 1996 mu aza wa wasannin yau, domin masu tsara wasan sun yi ta sauya ma'auni. A 1999 sun kawo wani dutse da ke hana rikiɗa muddin dodo na riƙe da shi. A 2010 sun kawo Eviolite, wanda ke ƙara wa dodon da bai gama rikiɗa ba rabin kariyarsa a kan wadda yake da ita, har ya zama gwanayen gasa na barin irin su Chansey da Porygon2 a yadda suke. Daga 2013, dodon da ya isa rikiɗa aka tsare shi yana samun ƙarin gogewa kusan kashi 20 cikin 100. A 2019 kuwa tunatar da dodo dabara ya zama kyauta a kowace cibiyar jinya ta wasan, kuma Raichu yana iya samun yawancin dabarun Pikachu ta wannan hanya. Ramin da muka ambata ɗazu an cike mafi yawansa. Har ila yau, a wasan da ya fito a farkon 2022 mai suna Legends: Arceus, dodo ba ya rikiɗa sai mai shi ya ba da umurni.

Shi kuwa Pokémon Go na wayar hannu, wanda ya fito a 2016, da alewa ake rikiɗa a cikinsa, kuma Magikarp shi kaɗai yana cin 400. Baiwar da dodo ya zo da ita ba ta canzawa bayan rikiɗa, don haka zuba alewa 400 a kan maras baiwa asara ce. Tun daga 2018 kuma akwai ranakun da ake keɓe wa wani jinsi, wanda ya rikiɗa a cikinsu yakan sami dabarar da ba a cika samu a sauran ranaku ba.

Kammalawa

Jama'a, abin da muka tattaro bai wuce tambayoyi uku ba. Me ya rage wa dodon nan ya koya a siffarsa ta yanzu? In ya rikiɗa, ƙofar koyon nan rufewa za ta yi, ko kuwa jinkiri kawai za a samu? Raunin da za a jure kafin lokacin, tafiyar da ke gaba za ta ɗauke shi? In babu abin da ya rage, ko kuma ƙofar a buɗe take, a rikiɗa ba tare da ɓata lokaci ba. In kuwa za ta rufe, kuma abin da ke bayanta ana bukatarsa, to, a jira, amma a san matakin da ake jira, kada jiran ya zama na tsoro.

Yawancinmu a zauren nan ko dai muna dab da karɓar takardar shaida, ko muna hangen ƙarin girma a ofis. Akwai kujerar da in mutum ya hau ta, ba mai sake iya gyara masa kuskure, shi ma kunya ba za ta bar shi ya yi tambaya ba. Akwai kuma wanda ya ƙoshi da koyo tuntuni, amma ya maƙale a ƙasa don gudun nauyi. Tambayoyin nan uku suna yi wa kowannensu aiki.