Daga Reading Zuwa Abbey Wood Ba Sauka: Lacca Kan Layin Elizabeth na Landan



An ce in yi magana a kan jirgin ƙasa na cikin birni. Maimakon in yi ta yawo da ku daga wannan ƙasa zuwa waccan, na zaɓi layi ɗaya mu bi shi tasha-tasha, wato layin Elizabeth na birnin Landan, wanda aka buɗe wa fasinja ranar 24 ga Mayu, 2022. Hujjata ita ce wannan layi bai fi sauran layukan duniya gudu ba, bai fi su tsawo ba, amma ya magance wata cuta da ta daɗe tana cin matafiya, cutar sauke fasinja a tsakiyar tafiya.

Duk wanda ya taɓa tasowa daga Zariya zai je Katsina a motar haya ya san abin da nake nufi. A sauke ka a Unguwa Uku, ka kinkimi kayanka, ka yi ciniki da mai adaidaita, ku ratsa cunkoson Kano zuwa Ƙofar Ruwa, ka sake zaman jiran lodi. Sau da yawa wannan ɗan guntun shi ne ke cinye yinin. To, haka Landan ta zauna fiye da shekara 150. A ƙarni na 19 kamfanoni daban-daban ne suka shimfiɗa dogo zuwa birnin, kuma wani kwamiti da gwamnati ta kafa a 1846 ya ba da shawarar kada a bar su su kutsa tsakiyar gari. Kowane kamfani tasharsa a gefen gari ta tsaya. Na yamma ya tsaya a Paddington, na arewa a Euston da King's Cross, na gabas daga baya ya tsaya a Liverpool Street. Jirgin ƙarƙashin ƙasa na farko a duniya, wanda ya soma aiki a 1863 tsakanin Paddington da Farringdon, an yi shi ne domin kwashe mutanen da aka jibge a waɗannan tashoshi.

Maganar a huda birnin a haɗa dogon yamma da na gabas tsohuwa ce. Sunan Crossrail, wato sunan aikin gina wannan layi, ya fito a wani rahoto tun 1974. An kai ƙuduri majalisa, kwamiti ya yi watsi da shi a 1994. Sai a 2008 doka ta samu, aka fara aiki a 2009. Kafin nan mutanen Paris sun daɗe da yin nasu, don tun 1977 suka haɗa layukansu na RER a ƙarƙashin tsakiyar gari. Ingila ce ta haifi jirgin ƙasa, amma a wannan fanni ta makara.

Yanzu mu shiga jirgi. Layin ya kai kimanin kilomita 118, tasha 41, goma daga ciki sabbi fil. A yamma yana da kai biyu, ɗaya a garin Reading, ɗaya a filin jirgin sama na Heathrow. A gabas ma biyu, Shenfield da Abbey Wood. Idan ka hau a Reading za ka ɗauka jirgin ƙauye ka shiga, ga gonaki, ga bayan gidajen mutane, dogon ma tsoho ne na zamanin injiniya Brunel. Dab da Paddington sai jirgin ya sunkuya ya shige ƙasa, kuma a nan ne kuɗin suka tafi. Ramuka biyu ne a jere, kowanne kilomita 21, injunan haƙa guda takwas suka yi su tsakanin 2012 da 2015. Kowane inji nauyinsa kusan tan 1,000, kuma duka sunan mata aka raɗa musu, akwai Ada, akwai Phyllis, akwai Victoria. Ƙarƙashin Landan ba fili ba ne, cike yake da tsofaffin layuka da magudanan ruwa da ginshiƙan benaye. A Tottenham Court Road injin ya bi ta saman wani rami da jirage ke aiki a ciki, tazarar ba ta kai mita ɗaya ba. A Liverpool Street masu haƙa sun ci karo da tsohuwar maƙabarta mai ƙasusuwan mutum sama da 3,000, dole aka ba masana tarihi wuri suka kwashe su. Ƙasar da aka fitar kuwa, kusan tan miliyan 3 aka yi jigila ta ruwa zuwa tsibirin Wallasea aka gina wa tsuntsaye fadama.

Jirgin kansa tsawonsa mita 200, tarago tara, yana ɗaukar mutum 1,500. Babu ƙofa tsakanin tarago da tarago, kana iya takawa daga kai har wutsiya. A lokacin cunkoso jirgi 24 ke wucewa cikin awa ɗaya tsakanin Paddington da Whitechapel, wato kowane minti biyu da rabi. Wannan adadi ya fi duk sauran muhimmanci a wurina, domin shi ne ke sa fasinja ya daina duba jadawali. Idan wannan ya tsere maka, kafin ka gyara jakarka wani ya iso.

Tashoshin nan na tsakiya su ne nake so ɗalibanmu masu zanen gini su duba da kyau. Ka sauka ta matakala mai tafiya da kanta, a Liverpool Street sai ka yi ƙasa mita 34 kafin ka isa dakalin jira. An lulluɓe bango da farin siminti mai santsi, kuma ba a bar kusurwa ko ɗaya mai kaifi ba, duk kwana an lanƙwasa ta. Ba ado ba ne kawai. Mai saurin kama jirgi yana hango wanda ke tahowa tun kafin su yi karo. Tsakanin dakali da dogo akwai bangon gilashi, ƙofofinsa ba sa buɗewa sai jirgi ya tsaya daidai saitinsu, kuma a saman kowace ƙofa aka liƙa allon da ke gaya maka ina jirgi na gaba ya nufa da minti nawa ya rage. Ba ka ɗaga kai kana neman wanda za ka tambaya. Mai keken guragu, da uwa mai tura jariri, da tsohon da gwiwa ta gaza, suna iya zuwa daga titi har dakali ba su taka matakala ba, a duka tashoshin 41. Saboda irin wannan tsari layin ya ci kyautar Stirling ta gine-gine a 2024.

Tsawon dakalin ya sa wasu tashoshin suna da baki biyu a unguwanni biyu. Ta Liverpool Street ɗaya bakin nata a Moorgate yake, ta Farringdon kuma ta kai Barbican. Baƙo ya kiyaye, idan ka fita ta bakin da ba naka ba, ka saya wa kanka tafiyar ƙafa. A Paddington an yi rufin gilashi mai tsawon mita 120 da zanen gajimare a jiki, hasken rana na sauka har ƙasa. A Whitechapel sunan tasha an rubuta shi da Turanci da Bengali, kuma babban masallacin Gabashin Landan na nan kusa, ga mai son ya tsaya sallar Juma'a. Daga nan reshen kudu ya bi ta Canary Wharf, matattarar bankuna, ya ratsa ƙarƙashin kogin Thames ya ɓulla Woolwich da Abbey Wood, unguwannin da 'yan Najeriya suka yi yawa. Mutumin Abbey Wood yanzu yana isa Paddington cikin kusan rabin awa, a kujerar da ya zauna.

Kada yabo ya yi yawa. An yi alkawarin buɗewa a Disamba 2018, sai a ƙarshen Agustan 2018, saura wata huɗu, aka fito aka ce ba zai yiwu ba. Kasafin fam biliyan 14.8 ya koma kusan biliyan 19. Haƙa ramin, wanda kowa ke tsoro, an gama shi lafiya. Abin da ya kayar da masu aikin shi ne ƙarasa tashoshi, da kuma sa jirgi ɗaya ya fahimci tsarin sigina uku mabambanta, na tsakiya, da na Heathrow, da na tsofaffin layuka. Tashar Bond Street sai a Oktoba 2022 ta buɗe. Har yau jiragen ba su da banɗaki, alhali daga Reading zuwa tsakiyar gari kusan awa ɗaya ce, kuma ni ban ga uzurin wannan ba. Sannan tsohon dogon yamma yana kawo cikas. A Disamba 2023 wayar lantarki ta lalace a wajen Paddington, dubban mutane suka shafe sa'o'i a cikin tarago cikin duhu da sanyi.

Wa ya biya? Nan nake so 'yan kasuwar da ke zauren nan su saurara. Gwamnatin tsakiya ta sa nata, hukumar sufurin Landan ta ci bashi. Amma tun Afrilu 2010 aka ɗora wa manyan wuraren kasuwanci na birnin ƙarin haraji na musamman saboda wannan layi, shekara 12 kafin su ga jirgi. Kamfanin da ke da Canary Wharf ya sa kuɗi a tasharsa, wani kamfanin gidaje ya gina gangar jikin tashar Woolwich. Sun yi lissafi cewa shago da fili da ke bakin tasha za su yi daraja, aka ce to wanda zai ci riba ya kawo nasa tun yanzu.

Na san a zuciyarku kuna auna wannan da namu. Jirgin Abuja zuwa Kaduna yana tsayawa a Idu da Rigasa, kowacce a gefen gari, kuma kowa ya san kuɗi da lokacin da ake kashewa kafin a kai gida. Wannan shi ne halin da Landan ta shiga a 1846, mu kuma muna gina shi sabo. Legas da ta fara layinta na Blue a 2023 daga Marina zuwa Mile 2 ta bi inda jama'a suke. Ba ina cewa mu haƙa rami ba, ba mu da wannan kuɗi, ba ma buƙatarsa. Tsohon dogonmu ya riga ya ratsa tsakiyar Kano da Zariya da Kaduna, filin da Landan ta kashe biliyoyi ta samu a ƙarƙashin ƙasa mu muna da shi a sarari, idan ba mu bari an cinye shi da shaguna ba.

Su kuwa can, layin ya cika tun kafin ya tsufa. Yana ɗaukar fasinja sama da miliyan 200 a shekara, har ta kai a 2024 an ba da odar ƙarin jirage goma a kan 70 da ake da su, kuma ana gina wata babbar tasha a Old Oak Common inda zai haɗu da sabon layin HS2 mai zuwa Birmingham.

Shugaban taro, a nan zan tsaya, sai tambayoyi.