Musanya Kalmomi da Barin Sunaye a Rubutun Wani

Daga cikin ɗabi'un da suka yaɗu a jami'o'i tun da kwamfuta ta shiga hannun kowa akwai ɗaukar rubutun wani a bi shi layi-layi ana musanya kowace kalma da wata mai kusancin ma'ana, sai dai a bar sunayen yanka yadda suke, wato sunayen mutane da garuruwa da hukumomi da littattafai, waɗanda masana nahawu suke bambanta su da suna gama-gari. Ana barin su ne domin sunan yanka nuni yake yi ga abu guda takamaimai, ba shi da madadi. Akasarin masu wannan aiki so suke su kauce wa manhajojin gano satar fasaha irin su Turnitin, waɗanda suke gwada jerin kalmomin rubutu da abin da ke cikin rumbunsu.

Aikin ya ginu ne a kan zaton cewa akwai kalmomi biyu da suka yi daidai ta kowace fuska, zaton da Abu Hilal al-Askari ya ƙalubalanta tun ƙarni na 10 a littafinsa al-Furuƙ al-Lugawiyya, inda ya bi kalmomin Larabci da ake ɗauka ɗaya ne yana fito da bambancin da ke tsakaninsu. Hausa ma shaida ce, domin mutuwa da rasuwa da kwanta dama duk abu guda suke nufi, amma akuya mutuwa take yi, ba a cewa ta rasu, kuma wanda ya shiga gidan makoki ya ce maigidan ya mutu ya nuna rashin ladabi ko da bai yi ƙarya ba. Kowace kalma tana tafe da matsayinta da wurin da ake faɗinta, abin da jerin kalmomi a ƙamus ba ya iya ɗauka gaba ɗaya.

Ɓarnar ta fi fitowa fili a rubutun kimiyya, inda kalmar fannu take da ƙayyadaddiyar ma'ana. A shekarar 2021 Guillaume Cabanac na Jami'ar Toulouse da Cyril Labbé na Grenoble da Alexander Magazinov suka bayyana tarin maƙalun da aka buga a mujallun ilimi ɗauke da abin da suka kira azabtattun kalmomi, wato sanannun kalmomin fannu da na'ura ta murɗe, har sankarar mama ta koma wani abu mai ma'anar haɗarin ƙirji. Abin lura shi ne sunaye da shekaru da alƙaluman da aka bari a jerensu na asali su ne sawun da mai bincike yake bi ya kai ga tushen rubutun.

A Hausa ma ware sunan yanka kansa ba ƙaramin aiki ba ne, saboda sunaye da yawa kalmomi ne na yau da kullum. Dutse babban birnin Jigawa ne, dutse kuma abin da ake jifa da shi. Haka Sabon Gari da Tudun Wada da Ƙofar Mata, da Dogo, balle Gaskiya Ta Fi Kwabo, jaridar da aka kafa a Zariya a 1939, wadda sunanta cikakkiyar jimla ce. Babban baƙi ne kawai yake bambanta su a boko, shi ma yana ruɗarwa a farkon jimla, a ajami kuwa babu shi sam.

Malaman hadisi sun daɗe da shata wa batun sauya lafazi iyaka a ƙarƙashin riwaya da ma'ana, wato isar da magana ba da lafazinta na asali ba. Ibn Salah, wanda ya rasu a 1245, ya kawo sharaɗin cewa sai wanda ya san harshe ya kuma san abin da ke karkatar da ma'ana, ya so mai riwayar ya nuna cewa ba lafazin ne ya kawo ba, sannan ya hana taɓa lafazin littafin da aka riga aka wallafa. A wannan tsari sauya lafazi yana tafiya tare da ambaton mai magana, akasin ɗalibin da yake sauya lafazi domin ya ɓoye shi.

Abubakar Imam kuwa hanyar da ya bi a Magana Jari Ce, wanda ya fito tsakanin 1937 da 1939, ta saɓa wa ta masu musanya kalmomi. Ya ɗebo labarai daga Alfu Laila wa Laila da tatsuniyoyin 'yan'uwan Grimm na Jamus da wasu littattafan Gabas, amma sunayen ne ya fara zubarwa, ya sa wa mutanen sunayen Hausawa da sarautunsu, ya mayar da su fada da kasuwa da zaure, ya sake ƙulla labaran a bakin aku, ya kuma ba su barkwancin da babu shi a asalinsu.