Umaru Ganda da Tsofaffin Sojojinmu



An haifi Umaru Ganda a Yamai a 1935. Ya yi wa Faransa soja a Indocina, sa'an nan ya yi dako a Abijan, inda Bafaranshen nan Jean Rouch ya sa shi cikin fim. Da ya koma gida sai ya rubuta nasa, Cabascabo, 1969: soja ya dawo da kuɗi, abokan ci suka wawashe, ya koma ƙauye noma.

To, mu fa? Ƙauyukanmu na Bichi da Ɗambatta sun ga irin wannan dawowa bayan yaƙin Bama na 1945. Mun ji labarin a bakin kakanni a gindin tsamiya, ba mu rubuta ba, ga shi sun riga mu gidan gaskiya.