Horon Ma'aikatan Jirgin Ruwa: Daga Teku Zuwa Madatsar Zoɓe



Mai sauraro yana iya tambaya, me ya haɗa mutumin Dutsin-Ma ko na Kurfi da zancen teku, alhali kuwa da yawansu ba su taɓa ganinta ba? Amsar tana nan kusa, a madatsar Zoɓe wadda aka gama a 1983 bisa kogin Karaɗuwa, inda masunta da masu fito suke wuni cikin kwale-kwale.

Kafin 1978 kowace ƙasa da irin horon da take yi wa matuƙan jiragenta. A wannan shekara ce Hukumar Kula da Sufurin Teku ta Duniya, mai mazauni a Landan, ta tsara yarjejeniyar STCW, wadda ta fara aiki a 1984, aka yi mata gyara a 1995, aka sake yi a Manila a 2010. Ta wajabta wa duk wanda zai yi aiki a jirgin teku abu huɗu tun kafin ya taka shi: sanin yadda zai tsira idan jirgi ya nitse, da kashe gobara, da taimakon gaggawa, da kiyaye kansa da abokan aikinsa. Gyaran Manila ya ƙara da horon tsaro saboda 'yan fashin teku, sa'an nan ya ce a riƙa sabunta horon tsira da na gobara duk shekara biyar. A Nijeriya makarantar Oron ta Jihar Akwa Ibom tana koyar da wannan, ko da yake tun rushewar kamfanin jiragen ruwa na ƙasa a 1995 ɗalibanta suke fama da neman jirgin da za su yi watannin koyon aiki a cikinsa.

To, amma ga inda gizo yake saƙa. Yarjejeniyar nan ta jiragen teku ce kaɗai, kuma ta cire jiragen kamun kifi da na katako irin na gargajiya ƙarara. Watau mai fito a Zoɓe ba ya ciki. Iliminsa gado ne daga uba, ƙarƙashin idon Sarkin Ruwa, kuma ba abin rainawa ba ne, domin ya san iska, ya san inda kututture yake kwance. Sai dai gadon nan ya girmi injin da ake ɗaura wa jirgi yanzu, bai kuma tanadi rigar ceto ba. Ranar 30 ga Nuwamba 2021 jirgin da aka yi wa lodi fiye da kima ya kife a madatsar Watari, tsakanin Badau da Bagwai a Jihar Kano. Fiye da mutum 20 suka rasu, galibinsu 'yan makarantar Islamiyya masu zuwa Mauludi.

Alhakin ruwayen cikin ƙasa yana wuyan hukumar NIWA, ita kuwa hedkwatarta tana can Lakwaja. Jami'ar Tarayya da aka kafa a Dutsin-Ma a 2011 ta fi kusa da bakin ruwan. Ba abin da zai hana ta ɗauko biyu daga cikin darussan nan huɗu, tsira da taimakon gaggawa, ta ƙara da ƙayyade lodi, ta mayar da su Hausa, ta koyar da su tare da Sarakunan Ruwa da rani, kafin ruwa ya cika.