Lamunin Mai Dukan Matarsa

Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa. Bayan haka:

Ya ku jama'ar Damana da sauran garuruwan Tondikandiya, akwai abin da ya daɗe yana damuna. Mutum ya daki matarsa har ya ji mata rauni. Tun kafin jandarmomi su kira shi, dangi sun kama hanyar Filinge, suna neman mai tsaya masa don kada ya kwana a tsare. Ita kuwa tana kwance, babu wanda ya leƙa ta. Subhanallah!

Ku sani, beli ba wankewa ba ne, jinkiri ne kafin shari'a. Wanda ya lamunce wa mutum ya ɗauki amana. In mijin ya koma ya razana ta don ta janye ƙara, mai lamunin yana da kamasho a zunubin.

Nana A'isha ta shaida cewa Annabi, sallallahu alaihi wasallam, bai taɓa dukan mace ba. Kuma a mazhabarmu ta Malikiyya, Mukhtasar na Halilu ya ba mace damar neman alƙali ya raba auren in cutarwa ta tabbata.

Ke ma ƴata, kada fushi ya sa ki ƙaga wa mijinki abin da bai yi ba. Ƙazafi zalunci ne.

Kafin ka tsaya wa ɗan'uwanka, tafi ka duba wadda aka cuta, ka biya magani, ka hana shi maimaitawa. Ranar Alƙiyama babu beli.

Allah Ya karɓi azuminmu, Ya gyara gidajenmu. Amin.